Itatuwan Mma

Na tashi na ga Mma tana zuwa gidanmu a unguwar Sabonjida ta Tamale, ban san ranar da ta fara ba. 'Yar Dagomba ce daga wani ƙauye a bayan gari, doguwa, ba jiki, mai saurin tafiya da saurin faɗa. Kowa Mma yake ce mata, har mahaifiyata, wadda Mma ba ta girme ta da yawa ba. Man kaɗanya take kawo mana a ƙwarya, an rufe da ganye. Mahaifiyata ta yi sabulu da wani, ta kai sauran kasuwa. Kullum sai sun yi rigima a kan ko man ya soyu ko bai soyu ba, kullum kuma sai sun ci tuwo a kwano ɗaya kafin ta tafi.

Zumuncin ya girme su duka biyun. Kakanmu ya zo daga arewa da fataucin goro, ya zauna, ya ga yana son noma. Sai ya kai wa sarkin ƙauyen su Mma goro, ya roƙi fili, aka ba shi. Yadda ake ba baƙo ƙasa a nan kuwa kowa ya sani: ka noma abin da ka ga dama, ka girbe, ka ci, amma itatuwan da ka tarar a tsaye ba naka ba ne. Ɗorawa ta sarki ce. Kaɗanya ta matan gari ce, su suke tsintar 'ya'yan idan sun faɗo da farkon damina. Ba a faɗin wannan a wurin ba da ƙasa, kamar yadda ba a ce wa baƙon da aka ba ɗaki kada ya tafi da ƙofa.

Ina yarinya na sha ganin mahaifina yana kewaye kaɗanya da garma yana mita, wai inuwarta ta cinye masa masara. Mita kawai. Ko reshe bai taɓa karyawa ba. Mu yara an yarje mana mu ci 'ya'yan da suka faɗo, amma mu tara ƙwallon a gindin itacen don masu shi. Da sassafe za ka ga Mma da matan ƙauyen sun ratso gonarmu da kwanduna a ka, ba sallama ba neman izini, don ba wurinmu suka zo ba. Daga ƙwallon nan Mma ta ciyar da 'ya'yanta bayan rasuwar mijinta, daga shi ta yi wa 'yarta kayan ɗaki.

Ina koyarwa a wata firamare a Nyanshegu lokacin da labarin kamfanin ya zo. Mutanen waje ne, waken soya za su noma, fili suke so mai faɗi, gonarmu ma tana ciki. Mu dai ba mu da bakin magana. Aron ƙasa aka ba mu, mai ita ya ce yana so. Ya yi mini ciwo, amma ban ga zalunci a ciki ba. Na dai je taron da aka kira a ƙauyen don in ji da kunnena.

An kafa rumfuna, an jera kujerun roba, an raba lemo. Wani mutumin kudu mai fara'a ya tashi a madadin kamfanin, wani Bature yana zaune gefensa yana share gumi. Ya ce duniya ta canza. Ƙasashe sun zauna sun yarda cewa ba a taɓa ƙasar mutanen asali sai an tambaye su sun amince, ba tilas, ba ruɗi, kuma masu ba kamfanin jari a can waje ba za su saki komai ba sai sun ga an yi hakan. Wallahi maganar ta burge ni. Na ce a raina, ashe akwai ranar da za a zo ƙauye a tambayi talaka. Maza suka yi tambaya a kan aiki da rijiyar burtsatse. Sai aka ce mata ma su yi magana, don dokar ta ce a ji ta bakinsu.

Mma ta miƙe daga can baya. Ta yi magana da Dagbani, tafinta yana juyawa. Ta ce baƙo ba sabon abu ba ne a wurinsu. Ta nuno ni da hannu, ta ce ga jikar wani baƙo nan zaune, tun zamanin iyayenta suke noma a nan, ba su taɓa cutar kowa ba. In waɗannan ma haka suke, bismillah. Aka yi tafi. Ni har da sunkuyar da kai ina jin daɗi. Ba ta ambaci itace ba. Babu wanda ya ambata, ni ma ko a raina bai zo ba.

Bayan girbi aka kafa ginshiƙan siminti, aka ja waya. Da rani ya tsaya sai ga katafila. Ashe injin da ke noman waken soya ba ya kewaye itace.

Ranar da suka fara ture itatuwan bakin hanya Mma ta zo gidanmu ba ƙwarya a kanta. Ba ta tsaya gaisuwa ba, abin da ban taɓa gani ba a wurin 'yar Dagomba. Ta kama hannuna, ta ce da Hausarta ta kasuwa mai ce wa kowa kai:

"Malama, kai ka ji Turanci. Ka je ka gaya musu sun yi mistek. Ƙasa mun ba su. Itace ba mu ba su ba koraa, ko ɗaya."

Na ce, "Mma, kin faɗa musu a wurin taron?"

Ta dube ni kamar na zage ta. "Kakanka an gaya mishi? Wa ya gaya mishi?"

Muka fara da fadar ƙauyen. Sarkin tsoho ne, ya karɓe mu, ya ce shi ma bai ba kowa kaɗanya ba, ba tasa ba ce balle ya bayar. Muka je ofishin kamfanin. Mai fara'ar nan har yanzu yana da fara'arsa, ya ba mu ruwan sanyi, ya ce an ba su ƙasa da duk abin da ke kanta, haka ake yi ko'ina a duniya, kuma ai an tambayi mata, ga hoton Mma ma tana magana. Ya juyo mana da wayarsa. Ga ta nan kuwa, hannu a miƙe, ni take nunawa.

A makon ne mijina ya ji a rediyo cewa wasu baƙi sun sauka a wani otal suna taro a kan haƙƙin mutanen asali. Shi mutum ne mai son siyasar duniya, ya san wace ƙasa ta goyi bayan me, ya san wadda ta ƙi. Ya ce mu je, irin wannan suke nema. Na sa Mma a bayan babur muka tafi.

Wata budurwa daga waje ta saurare mu a farfajiya. Ba zan yi mata ƙarya ba, ta saurara da gaske, har idonta ya kawo ruwa. Sannan ta fara tambaya. An tambaye su kafin a fara? Na ce an tambaya. Da harshensu? Da harshensu. An tsorata su? A'a. Mata sun yi magana? Sun yi. Sai ta ce to a idon doka an yi abin da ya kamata, har ma an fi wurare da yawa da ta sani. Ta ƙara da cewa akwai wata matsalar: a can inda ake muhawara ba a gama yarda ba ko mutane irin su Mma suna cikin waɗanda ake nufi da mutanen asali, tunda su ne masu rinjaye a yankinsu, da sarakunansu, kuma gwamnatoci da dama a nahiyar nan suna cewa ai kowa ɗan asali ne. Sai ta tambaye ni ko ni 'yar ƙauyen ce. Na ce a'a, 'yar zango ce, baƙuwa. Ta ce da zai fi ƙarfi in ɗan ƙauyen ne ya kawo ƙorafin.

A nan raina ya ɓaci. Na ce ga 'yar ƙauyen nan a gabanki, ni baki kawai na ara mata. Na ce kun ce a tambayi mutum, amma wa zai tambaye shi abin da bai taɓa zaton ana tambaya ba? Na ɗaga murya har mai gadi ya leƙo. Mma ta ja gyalena ta ce, "Me ya ce?" Na rasa yadda zan juya mata. Na ce, "Ta ce za su duba." Ta gyaɗa kai, ba ta sake tambaya ba har muka isa gida.

Mijina ya yi ta bayani a daren, wai dokar tana da kyau, aiwatarwa ce matsala. Na ce ya yi mini shiru. Abin da ke cina daban ne. Mahaifina da kakana sun yi zaman amana da mutanen nan, kuma amanar tasu ce Mma ta auna baƙin da ita. Da mun kasance mugayen baƙi, da ta tashi a taron nan ta kafa sharaɗi. 

Kafin ruwan farko an gama ture itatuwan. Kamfanin ya yi abin da ya kira taimako: ya bar matan ƙauyen su kwashe itacen kyauta. Suka sassare, suka binne, suka ƙona.

Wata safiya ina gidanmu muna shara sai ga Mma da buhu a ka, baƙi ƙirin har gira. Ta sauke a tsakar gida ta kwance bakin. Gawayi ne. Duk Tamale an san babu gawayin da ya kai na kaɗanya, mai nauyi, ba ya tartsatsi, ba ya saurin cinyewa. Mahaifiyata ta leƙa buhun ta ja da baya.

"Mma, ni ba zan iya girki da wannan ba."

"Hajiya, ka saya," in ji Mma. "Yara ba su ci komi ba tun jiya. Mai kyau ne paa. Na gonarku ne, babban nan na wajen gidan tururuwa."

Na san itacen. Mahaifiyata ma ta san shi. Ta shiga ɗaki ta daɗe, sannan ta fito da kuɗi ta karɓi buhun, ba ta taya ba, ba ta yi rigima ba. Mma ta tsaya kamar tana jiran rigimar, da ta ga babu sai ta naɗe gammonta ta fita.

Da rana ni na hura wutar, don mahaifiyata ta ce kanta na ciwo. Ya kama nan da nan. Na dafa shinkafa, na yi miya, na ɗora ruwan wanka, garwashin yana nan ja. Na zauna a gabansa ina jira ya mutu, ya ƙi.