Mutum Nawa Ne a Bayana

Shekara biyu na yi ina bin bayan mutane a tsohuwar kasuwar Doha, kuma aikin da aka ɗauke ni in yi ke nan. Kafin nan gadi nake yi a wani bene a Al Mirqab, tsayuwar yini guda har ƙafafuna suka fara kumbura, sai kafil ɗina ya miƙa ni wani ɗan kamfani mai zagayawa da baƙi. Baƙin masu yawon buɗe ido ne, Turawa da mutanen Asiya, jifa-jifa da 'yan uwanmu da jirgi ya ajiye na kwana ɗaya a hanyar Umara. Bayan la'asar ake tara su a bakin kasuwa, a bi da su lungu-lungu a ƙafa, a nuna musu rumfar shahuna da wurin raƙuma da tsohon masallaci, a tsaya da su wurin matan da ke soye-soye su ɗanɗana. Mai jagora yana gaba da jar lema a ɗage. Ni ina can ƙarshen layi, ina koro masu tsayawa ɗaukar hoton kyanwa.

Ƙa'idar aikin guda ce. Duk inda aka tsaya, kafin a tashi, mai jagora zai waiwayo ya ce mini, "Nawa?" Ni kuma in ƙirga kawuna in faɗa, shi ya duba takardar sunayen da ke aljihunsa. In bai ji lamba daga bakina ba, ba ya ɗaga ƙafa. Lungunan kasuwar duk kamarsu ɗaya, baƙo in ya ɓace a ciki sai ya yi ta zagaye wuri guda yana zaton gaba yake yi.

Mai jagorar wani tsoho ne ɗan Masar, daga Iskandariyya, birnin nan na bakin Bahar Rum. Baba nake ce masa, shi kuma ya ce mini ɗana. Da Larabci muke magana, nawa na tsintuwa, nasa mai sauri kamar ana korarsa. Ya fi shekara talatin a Doha. Matarsa ta rasu a can gida yana nan, bai samu jana'izarta ba, 'yarsa guda ce ta rage masa, tana aure a can. Mutum ne mai ji da kai da goge takalmi, ga tsokana. Yakan shafa bangon kasuwa a gaban baƙi yana yabon tsufansa, in sun yi gaba ya raɗa mini, "A gabana aka yaɓa wannan tsufan." Ina son tsohon nan ƙwarai, ko da yake ban taɓa faɗa masa ba.

Akwai wani bango a hanyarmu, tsakanin shagon kayan yaji da wurin matar da ke soya luƙaimat, wato irin ƙananan fanken nan da ake zuba wa zumar dabino. Bango ne kawai, ba ƙofa ba taga, sai wani ɗan dakali a gindinsa. Ba ma tsayawa a wurin. Wata ranar Talata da sanyi ya shigo, Baba ya tsaya a gabansa ya ɗaga lema, ya ce wa baƙi da Turanci a nan ake soya hantar da ta fi ta kowa a garin, mai tafarnuwa da ɗanyen barkono, a cusa ta cikin burodi. Sai kuma ya karkata kai kamar mai sauraro, ya ce, "Ku matsa gefe, tarago zai wuce."

Mutum goma sha biyu suka manne da bango. Ba su kaɗai ba, har wani tsohon ɗan dako da ya taho da baro ya ja ya tsaya. Lungun da mutum uku ba sa jerawa a cikinsa, ina tarago zai bi? Amma duk muka yi tsit muna jira. A cikin shirun nan ƙamshin soyayyar hanta ya bugi hancina, da tafarnuwarsa da komai. Na san wurin kamar tafin hannuna, babu mai soya hanta a wannan layin. Gashin jikina ya tashi. Baba ya bi wani abu da ido daga hagu zuwa dama har ya wuce, sannan ya waiwayo ya ce, "Nawa?"

Na ɗauka sabuwar tsokana ce. Washegari ya sake, har ya ƙara da nuna musu wata tsohuwar hasumiyar yaƙi a bakin teku ta saman rufin shaguna, inda babu komai sai sarari da tantabaru. Suka ɗaga wayoyi suka ɗauki hoton sarari. Abin haushin, babu wanda ya yi ƙorafi. Wata Baturiya ma cewa ta yi ta ji ƙararrawar taragon, ta tambaye ni ko a bayan bango aka ɓoye na'urar. Na yi mata dariyar da ba ta kai ciki ba.

Daga nan sai maganar shayi. Kusa da bangon muke karɓar shayin karak, kowane baƙo kofi ɗaya. Ranar ya ce mini nawa, na ce sha biyu.

"Sake ƙirgawa, ɗana."

"Sha biyu ne, Baba."

"Ka manta wadda ke bayanka."

Wallahi na daɗe ban waiwaya ba. Da na waiwaya, buhunan busasshen lemun tsami ne kawai a jingine. Baba ya karɓi kofi goma sha uku, ya ɗauki na ƙarshen ya ajiye a kan dakalin a hankali, ya ce da Larabci, "Bari ya huce, kin san ba kya shan mai zafi." Da muka zagayo ta wurin bayan awa guda, kofin yana nan, babu komai a ciki. Na ce wa raina 'yan dako ne suka shanye. Daga baya na tambayi tsohon nan mai baro, ya dube ni sheƙeƙe ya ce shi ba ya shan abin da aka ajiye wa wani.

A ranar, bayan baƙi sun hau motarsu, Baba ya zauna a kan benci yana murza hannun lemar. Ya ce, "Na yi wani abu yau?" Na faɗa masa duka. Bai musa ba. Ya ce tun bara yake jin garuruwan biyu suna shiga juna a kansa, wani lokaci sai ya sha kwana ya tarar da unguwarsu. Ya ce in ofis suka ji, soke masa takardar zama za su yi su ɗora shi a jirgi.

"To ai gida za ka, Baba," na ce.

"Wane gida? Gidan da aka haife ni an rushe an yi bene. Maƙwabta sun mutu. In na je can, ɗaki za a ba ni a rufe ƙofa don kada in ɓata. Nan ne na san hanya." Ya kama hannuna. "Kada ka faɗa musu, ɗana."

Na ce ba zan faɗa ba, har na haɗa da rantsuwar da bai nema ba.

Sai na samo dabara, kuma a lokacin har ina yaba wa kaina wayo. Tunda kullum yana ganin mutum ɗaya fiye da na takarda, kuma ba ya tashi sai na yarda da shi, sai na riƙa ƙirgawa ina ƙara ɗaya. In na ga tara in ce goma. In na ga sha ɗaya in ce sha biyu. Ya gyaɗa kai, ya ce yalla, mu wuce lafiya. Wata uku muna haka. Tun ina ƙarawa da gangan har bakina ya saba, ya zamana ba ni nake ƙarawa ba, lambar ce ke fitowa da ƙarinta. Wani lokaci ma in na kai kan na ƙarshe, sai in ji ba na son matsawa baya don kada in taka ƙafar wani.

Zafi ya fara dawowa. Wata ranar Alhamis na makara wajen ɗauko katon ɗin ruwa, ban samu farkon tafiya ba, sai a rumfar shahuna na cim musu. Baba ya waiwayo, fuskarsa garau, ya ce nawa. Na ƙirga sha uku, bakina ya ce sha huɗu. Ya duba takarda, ya gyaɗa kai, muka wuce. Da muka zo bangon bai tsaya ba, bai yi maganar hanta ko tarago ba, na ce a raina alhamdulillahi, yau da sauƙi. Ya karɓi shayi kofi sha huɗu ya raba, ɗaya ya rage a faranti. Ya tsaya yana kallonsa da mamaki, ni kuwa da saurina na ɗauke na kai kan dakali, don kada ya fara magana da ita a gaban mutane.

Sai a bakin mota direba ya ce ina tsohuwar da ta zauna a gaba. Sha huɗu ne a takarda, sha huɗu na gaske. Ranar Baba lafiyarsa ƙalau, matarsa ba ta cikin lissafinsa, ni ne na saka ta. Ita kuwa tsohuwar, baƙuwa ce mai tafiya ita kaɗai, mai ciwon suga, tun a rumfar shahuna ta ratse neman inuwa ta rasa mu.

Mun fi awa guda muna nema, ni da Baba da 'yan dako. A gindin bangon nan muka same ta, zaune a kan dakali, leɓenta ya bushe, hannunta na rawa, kofin shayin a cinyarta ta shanye. Da ta ɗan dawo hayyacinta ta ce jiri ne ya kwashe ta, wata mata mai baƙin mayafi ta kamo hannunta ta zaunar da ita, ta nuna mata kofin, ta yi mata alama da hannu cewa za mu dawo. Mata masu baƙin mayafi sun fi a ƙirga a kasuwar nan, na sani. Amma Baba ya tambaye ta ko matar tana ɗan ɗingishi, ni kuma na yi sauri na buɗe gorar ruwa na kafa mata a baki don kada ta amsa.

Da safe manaja ya kira ni ofis ni kaɗai. Tambaya ɗaya ya yi: ta yaya na ƙirga sha huɗu alhali sha uku ne a gabana? Ya ce ko dai barci nake a tsaye ko ƙarya nake, kuma kowanne ne khalas, in tattara. Na tuna mahaifiyata a Funtuwa, na tuna ƙannena. Sai na buɗe baki na faɗi komai, bangon, taragon, kofin shayin, wata ukun. Ban rage ko ɗaya ba. Ina magana ina jin kunyar kaina, amma ban daina ba. A ranar da tsohon nan ya fi kowace rana lafiya ni na yi kuskuren, shi kuma aka ɗora wa.

Cikin sati uku aka gama masa takardu. Na je ɗakinsa a Al Rayyan na taya shi ɗaure kaya, ina jiran ya zage ni ko ya ƙi kallona. Bai yi ko ɗaya ba. Ya dai ce in riƙa goge takalmina, baƙi suna lura. Jar lemar ta kamfani ce, amma ya cusa ta cikin akwati, ni kuma na kawar da kai.

An kawo wani saurayi ya maye gurbinsa, mai karanta tarihi daga waya. Ni ina nan a bayana, ina ƙirga gaskiya. In mun zo bangon nakan sunkuyar da kai in ƙara sauri.

Bayan wata biyar, wata Juma'a da yamma ina wanki a ɗaki, wayata ta yi ƙara da lambar Masar. 'Yar Baba ce, muryarta a gajiye. Ta ce ta samu lambata a jikin takardunsa. Ta ce kullum bayan la'asar sai ya ɗauki lema ya fita, ita ta bi shi a baya. Yana tafe a titunan Iskandariyya yana nuna wa mutane rumfar shahuna da wurin raƙuma da matar da ke soya luƙaimat. In ya kai kwana sai ya tsaya ya waiwaya ya ce nawa. Ta sha faɗa masa lamba, ya ce ba aikinta ba ne, ɗansa na baya yake jira. Yakan gaji ya haƙura, amma yau ya kafe a gefen layin tarago tun ɗazu, rana na dukansa, ya ƙi motsi.

"Don Allah, ɗan'uwa, ka yi masa magana," ta ce.

Na tambaye ta su waye tare da shi. Ta ce ita kaɗai ce. Na ji ta kara masa wayar a kunne, na ji hayaniyar titi, na ji ƙararrawar tarago ta gaske, irin wadda Baturiyar nan ta ce ta ji. Sai numfashinsa.

"Nawa, ɗana?"

Hannuna duk kumfa. Na ƙirga 'yarsa, na ƙara matarsa kamar yadda na saba.

"Biyu, Baba."

"Sake ƙirgawa."

Na yi shiru, ban san wa na manta ba.

"Kai fa?" ya ce. "Ba kana bayana ba?"

Na daɗe kafin murya ta fito mini. Na ce, "Uku, Baba. Ina nan."

"Cikakku ne," ya ce. "Yalla."

Na ji takunsa ya fara, na 'yarsa na biye. Ba ta kashe wayar ba, ni ma ban kashe ba, na zauna a bakin bokitin wanki ina bin su har suka kai gida.