Sarƙar Ƙofar Baya

Shekaru sun ja, abubuwa da yawa sun zube mini daga ka, amma ban taɓa mantawa da Asabar ɗin da hostal ɗin 'yan mata ya kama da wuta ba. Ku da kuka shigo aikin nan yanzu kun tarar da waya a aljihun kowa. Mu ba haka muka same shi ba. Abin ya faru ne a bazarar da ta biyo bayan tasowar gwamnati daga Legas, a ƙarshen shekarar 1991. Lokacin ina da shekara biyar da barin soja da muƙamin saje, ina aiki a wata kwaleji can bayan Dutse Alhaji, ta hanyar Bwari.

Bari in yi wa waɗanda ba su san tsarin ba bayani. Sashen tsaro yana ƙarƙashin Rijistara. Shi ke ba Cif umarni, wato shugaban sashenmu, Cif ya ba sufabaiza, sufabaiza kuma ya ba masu gadi. Ni ne sufabaizan aikin rana, daga shida na safe zuwa shida na yamma, da mutum bakwai a hannuna. Ba mu da mota, ba mu da oba-oba, wato rediyon sadarwa na hannu. Kulki ne da usur, sai littafin da muke rubuta duk abin da ya faru.

Da gwamnati ta taso, ma'aikata suka biyo ta da iyalansu, 'ya'yansu suka cika kwalejin maƙil. Ɗakin da aka gina don mutum huɗu sai ka tarar da takwas a ciki, katifun soso shimfiɗe a ƙasa, kowace da rishonta a ƙarƙashin gado duk da an hana girki a ɗaki. Hostal ɗin dogon gini ne marar bene, da hanya a tsakiya, ɗakuna hagu da dama. Ƙofofinsa biyu, ta gaba da ta baya, duk na ƙarfe. Tagogi kuwa an yi musu waldar rodi saboda ɓarayi.

Sai aka yi sata sau biyu a jere ta ƙofar baya, da rana tsaka, lokacin da ɗalibai ke aji. Cikin waɗanda aka ɗauke wa akwati har da 'yar wani babba a wata ma'aikata. Rijistara ya kira ni da Cif ofishinsa.

Ya ce, "Saje Mamman, daga yau a sa wa ƙofar bayan nan sarƙa. Makulli ya zauna wurin Matiron mai kula da hostal. Kafar da ke jikin wayar shinge ta bayan hostal kuma a toshe ta."

Na ce, "Yallaɓai, idan wani abu ya taso fa? Ƙofa ɗaya ba za ta ɗauki yaran nan ba."

Ya ce, "Abin da ya taso shi ne sata. Iyayen yaran nan har gida suke bina. Ka yi abin da aka ce."

Na dubi Cif, Cif ya dubi ƙasa. Da muka fito na rubuta masa takarda cewa kulle ƙofar nan yana da haɗari. Ya karanta, ya ce ya gani, ya sa a aljihun tebur. Daga nan na je sito na karɓi sarƙa da kwaɗo, na shiga hostal ɗin, na zarga sarƙar a mariƙin ƙofa na datse kwaɗon da hannuna, na kai wa Matiron makulli.

Ita kuwa kafar jikin waya, ta mutanen wani ƙauyen Gwari ce da ke bayanmu. Filin kwalejin gonakinsu ne a da, kuma wayar da aka kewaye mu da ita ta datse hanyarsu ta zuwa gonakin doya na bakin rafi. Sau biyu ina toshe kafar, sau biyu suna buɗewa. A na uku wani dattijo cikinsu, Baba Shekwolo, ya same ni a wurin da galma a kafaɗa.

Ya ce, "Oga soja, wannan hanya kakana ya bi shi. Makaranta jiya ya zo. Mu ba ɓarawo ba ne, doya ne muna nema."

Muka yi magana ta fahimta: su wuce da safe, su dawo da yamma, kada kowa ya matso kusa da hostal. Ba zan yi muku ƙarya in ce tausayi ne kaɗai ya sa ni ba. Na gaji ne da ɗaurin waya, kuma mutum bakwai ba za su tsare gyet da ajujuwa su kuma tsare daji ba.

Akwai wata ɗaliba, Rakiya, wadda shan inna ya taɓa mata ƙafar hagu, da sanda take tafiya. Mahaifinta akawu ne da aka taso da shi daga Legas. Shi ya roƙa aka ba ta ɗakin ƙarshe, dab da ƙofar baya, don ta nan ne famfo da ajujuwa suka fi kusa. Da aka sa sarƙa sai ya zama dole ta bi doguwar hanyar nan ta fita ta gaba, sannan ta zagayo. Wata rana ta tsayar da ni ta ce, "Baba Saje, yaushe za a buɗe mana ƙofar nan?" Na ce mata sai an ba da umarni. Ta ce to, ta wuce.

Ranar Asabar ɗin, bayan azahar, ina gyet sai na ji usur daga wajen hostal. Na ruga. Hayaƙi ne baƙi ke fita ta tagar ɗaki na uku daga ƙofar gaba. Daga baya muka ji cewa risho ne ya kife a kan katifar soso. Kafin in isa wuta ta hau silin. Waɗanda ke ɗakunan farko sun fito, sauran kuwa wuta ta shiga tsakaninsu da ƙofa, sai suka yi baya.

Akwai tukwanen kashe gobara guda biyu rataye a bakin ƙofa. Na ɗauki ta farko na matsa, ko iska ba ta fito ba. Ta biyu ta yi tari sau ɗaya ta tsaya. Bokitan yashi kuma tuni ɗalibai suka zubar da yashin suna wanki da su. Na tambayi Matiron, aka ce ta tafi kasuwar Wuse, makulli yana cikin jakarta. Wayar tarho ɗaya ce a kwalejin, tana ofishin Rijistara, ofishin kuma a rufe tunda Asabar ce. Na tura ɗaya daga cikin masu gadina, Bulus, ya hau babur ya nemo 'yan kwana-kwana. Ba a taɓa yin atisayen gobara ko sau ɗaya a wurin nan ba, saboda haka babu wanda ya san inda zai tsaya, har mu masu kaki.

Na zagaya baya da gudu. Yaran sun turo ƙofar har ta buɗe kamar faɗin tafin hannu, sarƙar ta riƙe. Ta wannan 'yar kafar nake ganin hannuwa, ina jin suna kiran sunana. Na doki kwaɗon da kulki, kulkin ya karye. Na ɗauki dutse ina duka. Kwaɗo ne mai kyau, ni na zaɓe shi a sito.

Ina cikin haka sai ga Baba Shekwolo da mutum biyar sun shigo ta kafar waya, da galma da diga. Suna tada kunyar doya ne suka hango hayaƙi. Dattijon ya dubi sarƙar, ya dubi bango, ya ce, "Bar ƙarfe, oga. Ƙarfe ba zai ji ba. Bulo ne mai taushi."

Ya yi wa mutanensa magana da yarensu, suka hau saran bango ta gefen da aka kafa ƙofar. Ashe bulon ɗan kwangila ne, yashi ya fi siminti yawa. Ina yi wa yaran tsawa su ja baya, su kwanta ƙasa saboda hayaƙi. Ba a daɗe ba gefen ƙofar ya saki, muka kama ta mu duka muka finciko, ta faɗo da sarƙarta a jiki. Yaran suka yi ta fitowa suna faɗuwa a kan juna, wasu na tari, wasu na amai.

Ba ni da takardar sunayensu, tana wurin Matiron, kuma ko da ina da ita ba ta ƙunshi rabin masu kwana a ciki ba. Sai na ce kowace ta duba 'yan ɗakinsu. Wata ta ce ba ta ga Rakiya ba. Ta ce ta gan ta ta faɗi a cikin turereniya, sandarta ta kuɓuce.

Na cire rigata na jiƙa a famfo na ɗaure fuska. Baba Shekwolo ya kwance igiyar da ke ƙugunsa ya ɗaura mini a nawa, ya ce, "In ka faɗi, mu ja ka." Na shiga da rarrafe. Ba a ganin komai, lalube kawai nake yi. Taku kaɗan daga bakin ɗakinta hannuna ya taɓa ƙafa. Na kama ta ta hammata ina ja, sai wani ɓangaren silin ya faɗo mata a baya da wuta a jikinsa. Na ture shi da hannu. Tabon da kuke gani a hannuwana ke nan. Ban san lokacin da muka fito ba, sun ce da igiyar suka ƙarasa jawo mu.

Wani Bakatsine mai kawo kaya kantin kwalejin ne ya ɗauke ta a bayan akori-kurarsa zuwa asibiti, ni ma aka saka ni a ciki. 'Yan kwana-kwana sun iso bayan rufin ya rufta. Allah ya kiyaye, ba a rasa rai ba. Amma Rakiya ta ƙone a baya da hannu, kuma ƙafarta mai lafiya, wadda take dogara da ita, ta karye wuri biyu a inda aka tattake ta.

Bayan mako guda aka kafa kwamitin bincike. Na shiga gabansu da bandeji a hannu. Na ce umarni aka ba ni, kuma na rubuta takarda. Aka buɗe fayil, babu takardar. Cif ya ce bai tuna ba. Rijistara ya ce shi abin da ya faɗa shi ne a riƙa kullewa idan ɗalibai sun kwanta, ba da rana ba. Ba ni da kwafi, ba ni da shaida. Aka ba ni kwiri, wato takardar neman bahasi, a kan abu biyu: dalilin da ya sa ƙofa take kulle da rana, da dalilin da ya sa na bar kafa a jikin waya har baƙi suka shigo harabar kwaleji. A cikin rahoton, Baba Shekwolo da mutanensa an kira su "wasu masu wucewa". Na samu takardar gargaɗi, aka kuma tsallake ni a ƙarin girma na shekarar.

Aka ce a gine bayan hostal da katangar bulo, ni kuma aka aika in sanar da mutanen ƙauyen. Na sami dattijon a gindin wata ɗorawa yana gyara ƙotar galma. Na yi masa godiya, sannan na faɗa masa saƙon. Bai ɗago kai ba. Ya ce, "To, mun ji." Can ya ce, "Yarinya ya tashi?" Na ce tana asibiti. Ya ce Allah ya ba ta lafiya. Daga ranar suka koma zagaye mai nisa ta bayan dutse kafin su kai gona.

Mahaifin Rakiya ya zo ɗaukar kayanta bayan wata guda. Siririn mutum ne, da kaftani mai guga. Babu abin da ya rage nata sai wani akwatin ƙarfe da ya yi baƙi. Ni na raka shi. Ya tsaya yana duban inda ƙofar take a da.

Ya ce, "Malam, an ce kai ka fito da ita."

Na ce, "Ni ne, da taimakon wasu manoma."

Ya ce, "Allah ya saka maka da alheri. To wa ya kulle ƙofar?"

Ina iya ce masa umarni ne daga sama, kuma ba ƙarya na yi ba. Amma na ce, "Ni ne."

Ya daɗe yana kallona. Bai zage ni ba, bai ɗaga murya ba. Ya ce, "To." Ya ɗauki akwatin da kansa, na miƙa hannu in taya shi ya ce in bar shi. Rakiya ba ta dawo kwalejin ba. Na ji an ce an mai da ita Zariya wurin kakarta. Har yau ban san ko ta sake taka ƙasa ba.

Na ƙara shekara goma sha huɗu a wurin kafin in yi ritaya. Kowane zangon karatu sai na rubuta a yi atisaye, a duba tukwanen kashe gobara. Wani lokaci a yarda, wani lokaci a ce ana jarrabawa, ko a ce in bari sai baƙi sun tafi. Duk sabon shugaban da ya zo, da an yi sata sau ɗaya, maganar farko da za ta fito daga bakinsa ita ce a kulle. Na gaji da gardama, amma ban sake sa kwaɗo a ƙofar da mutane ke kwana a bayanta ba. Sau biyu ana canza mini wurin aiki a cikin kwalejin a kan haka.

Abin da zan bar muku ke nan. Duk umarnin da aka ba ku da baki, ku nemi a rubuta, ku kuma ajiye kwafi a gida. Sai dai ku sani takarda ku kaɗai za ta ceta, ba za ta fito da kowa daga cikin hayaƙi ba. An ɗauke mu aiki don mu hana shiga, a kan haka ake yaba mana, a kan haka ake hukunta mu, kuma da wuya wani ya tambaye ku ta ina mutane za su fita. Ku riƙa tambayar kanku kullum kafin ku karɓi aiki, ku zagaya ku taɓa kowace ƙofa da hannunku. Wanda ya ba da umarnin yana gidansa ranar Asabar. Ku ne za ku tsaya a bakin ƙofar, kuma sunanku yaran za su kira.