Ɗan Yawo, Watan Ƙanwata

Ƙanwata ce ta ƙirƙiro shi. Bayan rasuwar mijinta ta dawo gidanmu na gado a Daura, ta shimfiɗa tabarmi a gindin dalbejiyar tsakar gida, tana koya wa ƙananan yaran unguwa karatun Alƙur'ani tsakanin la'asar da magariba. Ba ta riƙe bulala. Da labari take riƙe su. Wanda ya biya karatunsa daidai, shi zai zauna ya ji inda wata ya kwana jiya.

A duniyar da ta gina musu, wata ba shi da gari, ba shi da ranar fitowa. Yau ya sauka a ƙasar mutanen da ke noma a gadon bayan wani ƙaton kifi, gobe ya zarce ƙasar da raƙuma ke da fukafukai. Duk garin da ya sauka, ruwan rijiyoyi sai ya taso har baki, mata su ɗiba da ƙwarya ba guga. Idan ya tashi kuwa sai duhu, makiyaya su ɗaura kaya su bi sawunsa. Fura yake so, mai nono da yawa. Yaran suka sa masa suna Ɗan Yawo.

Ni a lokacin na ajiye tuƙin babbar mota, gwiwa ta ƙi. Daga ɗakina nake saurare. Na ji masu ba da labari da Larabci a wurin mai shayi a Omdurman, na ji da Yarabanci a tashar Ibadan, na ji wani makaho a Abijan yana haɗa Julanci da Faransanci mutane na ta dariya. A can duka mai labari yana da kujerarsa, ana matsa masa wuri. Nata bai fi nasu ba, bai kuma kasa ba. Ita ko Zinder ba ta taɓa zuwa ba, ni take tambaya yadda teku yake, washegari in ji shi a labarin.

Sai shekarar da aka raba Sallah. 'Yan'uwanmu na wajen garin Babban Mutum, da ke bakin iyaka, wasunsu suka bi ganin watan Nijar, suka ajiye azumi muna da sauran ɗaya. Gardama ta cika unguwa, har aka daina gaisawa a wasu majalisu. Wani malamin unguwarmu yana cikin faɗa a gidansa kan wannan magana, sai 'yarsa, ɗaya daga cikin ɗaliban ƙanwata, ta ce, "Baba, ai Ɗan Yawo ne. Ya tsaya shan fura a Nijar, gobe zai iso."

Bayan Sallah malamin ya zo zaurenmu tare da wani dattijo, na'ibin limamin masallacinmu. Wurina suka zo, don ni ne babba a gidan.

"Alhaji," in ji malamin, "ƙanwarka tana koya wa yara cewa wata yana shan fura."

Na yi dariya. Su ba su yi ba.

"Allah gafarta Malam, ai ba watanmu ba ne. Wata duniya ce daban, ta ƙarya. Yaran ma sun sani."

"To ka ji, Baba," ya juya wurin na'ibi. "Da bakinsa ya faɗa. Ƙarya, a kan tabarmar da ake karanta littafin Allah."

"Tatsuniyar Gizo fa? Wa ya tashi a garin nan bai ji ta ba?"

"Gizo bai taɓa wata ba. Da wata muke azumi, da shi muke aikin hajji. Yarinya ta taso tana ganin inda ya ga dama yake zuwa, me zan gaya mata gobe?"

Na ce masa na yi azumi a ƙasashe da dama, na ga an saɓa kan ganin wata, ban ga inda aka ɗora wa mai tatsuniya laifin ba.

Na'ibi ya gyara rawani. "Kai ka yi yawo, Alhaji. Mu muna nan."

Ba wanda ya hana ta koyarwa. Da an hana ta ma da na san ƙofar da zan je in buga. Yaran ne suka riƙa raguwa. Wannan uwarsa ta aiko cewa yana ciwon ido, wancan an sa shi a Islamiyya, waccan tana taya rainon ƙaninta. Ƙanwata ta sa hijabi ta bi gidajen ɗaya bayan ɗaya, ta ce ta bar labarin, karatu kawai za a yi. Aka ba ta ruwa, aka yi mata godiya, aka rako ta har bakin ƙofa. Ba wanda ya dawo. Kaɗan da suka rage kuwa, da suka ga babu Ɗan Yawo, sai suka koma fashin karatu, har tabarma ta zama ta akuya.

Abin da har yau yake tsaya min a wuya shi ne, yaran nan su ne nake gani a bakin shagon cajin waya, sun haɗa kai a kan waya ɗaya, suna kallon fim ɗin da aka juya zuwa Hausa, mutum yana tashi sama yana haɗiye rana. Ban ji an je zauren kowa ba. Wanda ya yi fim ɗin yana nesa. Ita tana kusa, ba ta da miji, muryarta ba ta wuce katanga.

Yanzu awara take soyawa, ana zuwa saye har gida. Kwanan baya na zauna kusa da murhunta da hantsi, na ce, "Wai ni kam, ina Ɗan Yawo ya ƙare?"

Ba ta ɗago kai daga kaskon ba.

"An kama shi, Yaya. Mutanen wani gari suka kafa masa turke suka ɗaure shi. Kullum yana fitowa a kan lokaci."

"Shi ke nan?"

"Shi ke nan. Matsa baya, mai zai fallatso maka a riga."