Gishirin Tuna Gida

Kakata ta wajen uba 'yar Dagona ce, amma a gidanmu na Gashuwa ta tsufa. Sunanta aka sa mini, don haka takwara take kirana, Baba kuma ya ce mini uwata. Idan ruwa ya fara ja da baya bayan damina, takan tafi da ni bakin fadama tonon bado. A lokacin ne tsuntsaye suke zuwa.

Har yau ban iya kwatanta wa 'ya'yana zuwan nan yadda ya kamata ba. Da rana tsaka sai inuwa ta rufe mu, ka ji ƙara kamar mata ɗari suna sheƙar hatsi a sama. Sannan su sauka, ruwan ya ɓace ƙarƙashinsu. Ni dai tsayawa nake yi da laka har gwiwa, baki buɗe.

Wata rana na ce, "Kaka, waye yake nuna musu hanya?"

Ta ce, "Gishiri ne, takwara. Toni badonki, zan gaya miki."

Ta ce can bayan yashi, bayan wani ruwa da kwalekwale bai taɓa ƙetarewa ba, akwai wata ƙasa mai tudun gishiri. Ba na miya ba ne. Tsirowa yake kamar ciyawa, mata su share shi da safe su tara a ƙwarya. Duk wanda ya lasa, hanyar gidansu ba ta ƙara ɓace masa. Jariri kafin ya sha nono sai an ɗiga masa a harshe. A ƙasar ba a ɗaure akuya. Makaho ba shi da ɗan jagora. Masunta suna shafa shi a hancin kwalekwale, idan sun gaji su kwanta, shi zai kai su gaɓa. Sarkinsu ba shi da wani aiki sai rabon gishiri, kuma ba su da kurkuku. Wanda ya yi babban laifi, harshensa ake wankewa sau bakwai, a buɗe masa ƙofa. Zai fita, zai yi ta tafiya, ko ya wuce ta ƙofar uwarsa ba zai gane ta ba.

"Tsuntsayen nan kafin su taso sai sun lasa," in ji ta. "Abin da ya zuba daga bakinsu, shi ne farin nan da kike gani ya bushe a bakin ruwa."

Na duba. Ga shi kuwa, fari fat a kan busasshiyar laka, har inda ido ya tsaya. Shekara nawa ina taka shi.

A shekarar ne wani attajiri, asalinsa mutumin Haɗejiya, ya shawo kan Baba ya raka kwandunan bandar kifinsa da kansa, zuwa Nguru a kan jakuna, daga nan ya hau jirgin ƙasa zuwa kudu. Gidanmu ba a son maganar jirgi. Ƙanin Baba ya hau shi da daɗewa, ko saƙo ba a ƙara samu ba. Mata a bakin rijiya suna cewa hayaƙin ne yake shiga kan mutum ya manta da kowa.

Ban gaya wa kowa ba. Na ɗauki sakaina na kankaro farin nan, na ƙulle a bakin zanena. Na lasa kaɗan, ɗaci da zafi suka kama harshena, na ce lallai shi ne. Inna ta cura furar guzuri ta rufe da faifai, ni kuwa na bi kowane curi na huda da yatsa, na cusa, na shafe bakin.

Da safe an gama ɗaure kaya, Inna ta dama masa curi ɗaya. Ya kurɓa, ya tsaya.

"Wa ya zuba kanwa a furar nan?"

Inna ta ce ita dai wallahi ba ta ko taɓa kanwa ba. Na ce, "Ba kanwa ba ce, Baba." Inna ta yunƙuro da ludayi a hannu, ya tare ta.

"To mene ne, uwata?"

Na faɗa masa duka, har da makaho da kwalekwalen. Bai yi dariya ba. Kaka yake kallo, ita kuma ta sunkuyar da kai tana murza gefen tabarma. Can ya ɗaga ƙwaryar ya shanye tas, ya ce wa Inna ta ƙulle masa sauran.

Wata biyu da 'yan kwanaki ya yi. Kullum ina zuwa fadama in duba ko tsuntsaye suna nan, don a raina idan suka tafi, ƙarfin gishirin ya tafi. Sun fara raguwa ke nan, wata la'asar, muka ji sallamarsa a zaure. Ya rame, ya yi baƙi, yana warin gawayi. Ban iya rugawa ba. Na matsa a hankali na taɓa ƙafarsa.

Inna ta ce, "Da gaske hayaƙin yana sa mantuwa?"

Ya ce, "Wataƙila ga waɗanda cikinsu yake lafiya. Ni furar uwata ba ta bar ni na zauna ba. Duk tashar da jirgi ya tsaya sai na sauka da buta a guje, kuma duk saukar sai na tuna gidan nan da mutanen gidan nan."

Inna ta yi dariya har da hawaye. Kaka ba ta yi ba. Ta kama fuskarsa da hannu biyu tana duba shi, ta daɗe, sannan ta juyo gare ni ta ce, "Takwara, kawo masa ruwa. Ruwa zalla."