Metir Kamalu da Auren Meri

Kamalu ɗan Tasawa ne, autan wani tsohon magatakardan kotu. Tun yana ƙaramin ɗan lakwal, wato makarantar boko, aka san shi da baki. Ba a ce yaro ne mai kai ba, an ce mai baki ne, amma a gidansu ba wanda ya tsaya rarrabe biyun. Uban ya yi shekaru yana kallon lauyoyi suna juya hannun riga a gaban alƙali, sai ya ƙudurta cewa autansa ma can zai tsaya. A shekarar 2002 Kamalu ya sauka Lyon ta ƙasar Faransa, ya shiga karatun shari'a a jami'ar da ke Bron.

Ajin farko ya maimaita shi. Sauran ya ratsa su da ƙyar, kamar mai tsallake kwata da sabon wando. Da ya zauna jarrabawar shiga makarantar lauyoyi sai ta kayar da shi, ya sake zama, ta sake kayar da shi. Wannan bai hana shi komai ba. Ya sayi jakar fata da jan karabat na ɗaurawa a wuya, ya fara amsa sunan Metir, wato laƙabin da Faransawa ke kiran lauyoyinsu. Da farko abokai da ba'a suke kiransa haka. Shi bai taɓa jin ba'ar ba, har sunan ya bi shi.

Shi ne sakataren ƙungiyar ɗaliban Nijar na Lyon, don ba wanda ke son wahalar. In aka taru kan maganar da za a gama kafin shayi ya tafasa, Kamalu zai miƙe ya gyara karabat, ya fara daga tarihin ƙungiya. Shinkafa ta huce, masu yara su sulale, shi yana nan yana cewa, "Bon, in taƙaita."

A wannan muƙamin ne ya je tashar jirgin ƙasa tarbar wata sabuwar ɗaliba, Hamdiya, 'yar Tawa, wadda ta zo karatun kimiyya. Jirgin ya yi latti, ya tsaya cikin sanyi har ta iso, ya ɗaukar mata akwati, ya nuna mata yadda ake shiga tiram, jirgin cikin gari. Wannan dai alheri ne, a ba shi kayansa. Hamdiya mace ce marar yawan magana. Kamalu ya yi ta zuba tun daga tasha har Bron, ita tana kallon gari ta taga, shi kuwa ya ɗauki shirun nata a matsayin sha'awar iliminsa.

A 2008 ya samu aiki a wani kamfanin inshora, inda yake amsa koken waɗanda ruwa ya ɓata wa silin. Ya kama ɗaki a Stains, cikin dogayen benayen talakawa na bayan garin Paris. Amma in ka tambaye shi inda yake zaune, amsa ɗaya ce: "Ina Paris." Ranar Lahadi zai sa kwat, ya hau bis ya sauya metiro, ya je bakin kogi a ɗauke shi hoto a gaban gidajen da ko mai gadinsu bai sani ba, ya aika Tasawa.

Bayan shekara uku ya nemi auren Hamdiya. A lokacin ta gama karatu, tana aiki a wani ɗakin bincike inda ake gwada ruwan sha, tana zaune a Rillieux-la-Pape, a gefen Lyon, kusa da kawunta, Alhaji Chaibou, tsohon direban bis. Ba ruɗuwa ta yi da jakar fata ba. Ta san surutunsa sarai. Amma mutum ne mai salla, ba ya sha, yana da aikin yi, kuma ba ta manta tsayuwar nan ta cikin sanyi ba. Ta ce a ranta aure zai rage masa baki. Ta amince.

Alhaji Chaibou ya kira shi ya ce, "Kamalu, mun ba ka. Amma limaminmu ba ya ɗaura aure sai ya ga takardar meri, haka dokar ƙasar take. Ku kai dosiyenku nan Rillieux, a gama."

Abin ba wuya gare shi ba. Meri ita ce ofishin magajin gari, can ake ɗaura auren hukuma. Dosiyen kuwa, kowa ya kawo takardar haihuwa sabuwa daga gida, da shaidar cewa ba shi da wani auren, da shaidar inda yake zaune, da sunayen shaidu. A kira su a yi musu 'yan tambayoyi, a liƙa sunayensu a ƙofa na ɗan lokaci, a ba su rana. Masu wankin kwano a gidajen abinci, waɗanda ko sunansu da ƙyar suke rubutawa, suna yin wannan kullum su wuce.

A gaban Alhaji, Kamalu ya ce, "To, Kawu." Da ya koma Stains sai ya buga wa Hamdiya waya.

"Écoute, Hamdiya. Ni, mutum kamata, a ɗaura mini aure a Rillieux? Kin san su wa za su ga hotunan nan?"

"To a yi a Stains, tunda can kake," in ji ta.

"Stains!" Ya yi dariya. "A Paris za a yi. Akwai wata meri mai matakalar dutse da fitilu na zinariya a rufi. Bar mini, shari'a na karanta."

Abin da ya rage kawai shi ne, doka ta ce a garin da ɗayan ma'auratan yake zaune ake yi. Kamalu yana da aboki, Moutari, ɗalibi mai ɗan ɗaki a ƙuryar saman wani tsohon bene a cikin Paris, ɗakin da in mutum ya miƙa hannu biyu zai taɓa bango da bango. Ya matsa masa har ya rubuta cewa tare suke zaune. Ya ɗauki takardar ya sa a jakar fata, ya fesa turare, ya hau matakalar dutsen nan yana gaisawa da masu gadi kamar ya zo duba aikinsu.

Ma'aikaciyar da ke karɓar dosiye ta duba, ta tambaye shi takardar albashi ko ta haraji mai ɗauke da wannan adireshin. Ya miƙa. Duka Stains ne a rubuce.

"Mushe, merin Stains ce taku," in ji ta.

Kamalu ya ajiye jaka ya fara kawo mata ayoyin doka, da lambobinsu, wasu daidai wasu na ƙirƙira. Ta saurare shi kaɗan, ta tura masa takardunsa, ta kira na bayansa.

Da wani ne, da ya wuce Stains a ranar. Kamalu kuwa ya ce an ci mutuncinsa. Ya rubuta wa magajin gari ƙorafi mai shafi da yawa, ya yi ta jiran amsa. Ya sauya adireshinsa a wajen aiki, ya zauna jiran sabuwar takardar albashi. Kafin ta fito, takardar haihuwarsa ta tsufa, don wata shida kawai meri ke yarda da ita. Yayansa a Tasawa ya bar shago ya yi ta zirga-zirga har ya samo wata. Kafin ta iso, ta Hamdiya ta mutu. Kafin a sabunta tata, mai gidan Moutari ya ga baƙon suna a akwatin wasiƙu, ya yi barazanar korar yaron, Moutari ya janye shaidarsa ya daina ɗaukar wayar Kamalu.

Haka aka ci shekara. Hamdiya ta ɗauki hutu ta mayar. Ɗinkin biki ya zo daga Yamai ya zauna cikin leda. Gwaggonta da ta samu biza don bikin, bizar ta ƙare tana Tawa. Duk sanda Hamdiya ta tambaya, amsar ita ce, "Ke ba ki san yadda hukuma ke aiki ba."

Ran nan Alhaji Chaibou ya buga masa waya, ko gaisuwar kirki bai tsaya yi ba.

"Kamalu, auren kake so ko hoto? In aure ne, ka zo Rillieux cikin watan ga. In hoto ne, ka hwaɗa mini in san abin da zan gaya wa mutane."

Ya zo, yana hura hanci. Aka karɓi dosiye ba wata gardama, aka ba su ranar ganawa.

Wata mata mai furfura ce ta zaunar da su a wani ƙaramin buro, wato ofis, su biyu a gefe guda. Ta ce tambayoyi ne na al'ada, don a tabbatar ma'aurata sun san juna. Ta fara da Hamdiya. Hamdiya ta faɗi aikin Kamalu na gaskiya, da sunayen iyayensa, da na yayyensa, har da ciwon cikin da ke damunsa in ya ci yaji. Da ta ce inshora, Kamalu ya yi gyaran murya ya ce ɓangaren shari'a na inshora.

Matar ta juya gare shi. "Madam fa, wane aiki take yi?"

"A asibiti take. Aikin jinya."

Hamdiya ta dube shi. Ya taɓa ganin hotonta da farar riga, shi ke nan ya yanke hukunci, bai sake tambaya ba. Ta sha ba shi labarin kwalaben ruwa da take gwadawa. Ashe duk lokacin jira yake ta rufe baki ya ci gaba da nasa.

"Sunan mahaifiyarta?"

Nan Kamalu ya samu abin da yake so. Ya jingina da kujera, ya bayyana wa matar cewa a al'adar Hausa suruki ba ya kama sunan surukarsa, kunya ce, girmamawa ce, abin da Turai ta yi asararsa tuntuni. Ya yi bayani mai tsawo, har da misalai. Matar ta ce ta fahimta, ba laifi.

"Za ta zo bikin?"

"In ta samu biza. Tana Tawa, lafiyarta lau, kwanan nan ma muka gaisa a waya."

Matar ta dubi takardar da ke gabanta, ta dubi Hamdiya.

Mahaifiyar Hamdiya ta rasu tun tana shekara ta biyu a Lyon. Ba ta samu zuwa jana'iza ba. Wadda Kamalu ke gaisarwa a waya gwaggonta ce. Kuma shi da bakinsa, a matsayinsa na sakatare, ya sanar da rasuwar a taron ƙungiya, cikin wani jawabi na Faransanci da ya daɗe yana yabon kansa a kai. Jawabin yana nan a kansa har yau. Wadda ta mutu ce ya manta.

Hamdiya ta ce da matar, cikin murya ƙasa-ƙasa, "Madam, zan iya karɓar takarduna?"

"Hakkinki ne."

A waje, Alhaji Chaibou na zaune kan benci yana jiransu. Kamalu ya biyo ta da sauri, jaka na dukan gwiwarsa.

"Hamdiya, tarko ne! Haka suke yi wa baƙaƙe, su rikita mutum da tambayoyi. Zan rubuta..."

"Ya Kamalu," in ji ta, "mi ne ne sunan innata?"

"Haba, kin san al'ada..."

"Ba Bafaranshe a nan. Ni ce. Faɗa mini a kunne."

Ya buɗe baki. Wannan ne karo na farko da aka ga Metir Kamalu ya buɗe baki ba abin da ya fito. Ta ɗan jira, sannan ta kama hannun kawunta suka nufi tashar bis.

Ya koma Stains ya baza labari cewa wariyar launin fata ce ta rushe masa aure, wasu da ba su san shi ba suka yarda. Hamdiya ba ta taɓa ba kowa nata labarin ba. Alhaji ne ya ba da shi, a ƙofar masallaci, ga duk wanda ya tambaya. Daga baya ta samu canjin aiki zuwa wani gari a kudu, ta yi aure can.

Kamalu bai yi aure ba har 2018, lokacin da ƙungiyar 'yan Nijar ta yankinsu ta kafa kwamitin sasanta ma'aurata. Aka nemi shugaba, kowa ya sunkuyar da kai, shi ya ɗaga hannu. Na farkon da aka kai masa su ne wani Youssouf da matarsa Raliatou, waɗanda suka yi wata ba sa magana. Ya zaunar da su bayan azahar, ya yi musu bayanin aure a shari'ar Faransa da ta Musulunci da ta Romawa, bai tambayi ko ɗayansu abin da ya haɗa su ba. Da la'asar ta yi, Raliatou ta taɓa ƙafar mijinta a ƙarƙashin tebur, suka ce za su je ɗauko yara. A cikin bis Youssouf ya kwaikwayi muryarsa, ta yi dariya har da hawaye, suka isa gida suna hira. Kamalu ya sanar a taro na gaba cewa kwamitinsa ya ceto aure na farko.