Kwamfutar Maraya a Adakar Baffa

Shekara takwas ke nan da muka rasa yayana, Malam Lawal, wanda mutanen Funtuwa suka fi sani da Lawal Mai Kwamfuta. Haɗarin mota ne ya yi ajalinsa a hanyar Malumfashi, yana dawowa daga wata makaranta da ya je haɗa wa na'urori. Allah Ya jiƙansa, Ya sa can ta fi masa nan. A shekarun baya idan wannan wata ya kewayo, sadaka nake yi in ja bakina. Bana shirun ya gagare ni, domin ɗansa Hamza na neman kuɓuce mana, ni kuma na rasa ƙofar da zan ƙwanƙwasa.

Mu 'ya'yan manoma ne, daga wajen Gozaki iyayenmu suka taso. Yaya ne ya fara kawo kwamfuta cikin danginmu. Shagonsa ɗan mitsitsi ne kusa da tasha, da wani janareta mai tari kamar tsoho a lokacin sanyi, amma kullum cike yake da matasa. Babu abin da yake ba shi haushi irin yaro ya zo ya ce yana son ya koyi kwamfuta. Sai ya zare tabarau ya ce, "Wace daga ciki? Idan ka ce kai manomi ne, ai sai a tambaye ka, masara ko auduga, ko tumatir irin na mutanen Danja." Daga nan zai zaunar da yaron ya warware masa. Akwai mai buɗe cikin na'ura ya gyara, akwai mai ja wa ofisoshi layin sadarwa, akwai mai rubuta manhaja, akwai mai zane, akwai kuma mai tsare bayanan mutane daga ɓarayi. Sai ya bar yaro ya yi wata guda yana taɓa wannan yana taɓa wancan, shi yana kallonsa ta gefen ido, kafin ya ce masa ga inda hannunka ya faɗa.

Hamza yana ɗan firamare ya buɗe wayata, bayan ya kalli motsin yatsana sau ɗaya tak. Na yi ta masifa, Yaya kuwa dariya har da riƙe ciki. Da ya gama ya ce, "Rabi, wannan mai tsaro ne. Amma a sa masa ido, don abin da mai tsaro ya sani, shi ɓarawo ya sani." Na ce ya rufa mana asiri da wannan baki nasa. Yau ba na kwana ban tuna maganar ba.

Da aka zo rabon gado, aka sayar da kayan shago, amma sabuwar kwamfutarsa ta tafi-da-gidanka ta faɗo a rabon Hamza, lokacin yana shekara goma sha biyu. Aka danƙa dukiyar maraya a hannun Baffa Sule, ƙanin mahaifinmu. Ina so a fahimce ni, Baffa mutum ne mai tsoron Allah. Ya taɓa riƙe wa wasu marayu shanu biyu, ya mayar musu da garke. Ya riƙe wa wasu gona, ya mayar da ita ta fi yadda ya karɓa. Da wannan idon ya kalli kwamfutar. Ya naɗe ta da sabuwar atamfa, ya zura a leda, ya zuba ƙwayoyin kafur saboda kyankyasai, ya kulle a adakarsa ta ƙarfe, ya tura ƙarƙashin gado.

Na je na durƙusa na ce, "Baffa, wannan fa ba saniya ba ce. Ba ta haihuwa, tsufa take yi. A bar yaron ya riƙa koyo da ita, ko a gabanka ne."

Ya ce, "Ke Rabi, so kike in tashi gaban Allah da dukiyar maraya a wuyana? Yaro ne, lalatawa zai yi. Ranar da ya mallaki hankalinsa zan miƙa masa abinsa yadda na karɓa."

Na koma ba sau ɗaya ba, na tura malamai, na tura abokan Yaya. Duk wanda ya je sai ya dawo yana yabon amanar Baffa. Kowace shekara bayan ɗaukewar damina yakan fito da ita ya goge, ya bar ta ta sha iska a inuwa kamar kayan sallah, ya mayar. Bai taɓa yarda a kunna ba, don a ganinsa kunnawa ragewa ce. Hamza yakan tsuguna daga nesa yana kallo.

Haka yaron ya girma. A sakandare a kan allo aka koya musu kwamfuta, malami ya zana, su kwafa. Da wayar mahaifiyarsa ya riƙa bin darussa, ga allonta a tsage, ga caji sai an kai kasuwa. Sai kuma aka shiga watannin nan da aka katse layukan waya a yankinmu saboda 'yan bindiga, mutane na hawa mota zuwa hanyar Zariya don kawai su kira 'yan'uwa. Gonar da ya kamata ya jingina da ita tana can inda ba a zuwa sai da sayar da rai. Da ya gama makaranta, duk inda ya je neman a koya masa aikin nan na tsaron bayanai, tambaya ɗaya ake yi masa: kana da kwamfuta? Sai ya ce yana da ita, tana wurin kakansa.

Bana bayan an gama girbi Baffa ya tara shaidu a zaure, ya sa aka jawo adaka. Aka warware atamfa, ƙamshin kafur ya cika wurin. Kwamfutar na ƙyalli kamar ranar da aka sayo ta. Hamza ya sa caji, ya yi bisimilla, ya danna. Shiru. Ya sake dannawa. Aka kai wa mai gyara, ya buɗe ya nuna mana batiri ya kumbura, danshin damina takwas ya cinye cikinta. Ya ce ko da ta tashi, ba za ta iya ɗaukar aikin yau ba.

Baffa ya riƙe hannun Hamza ya ce, "Wallahi ɗan nan, ko sau ɗaya ban kunna ta ba. Ko sau ɗaya." Sai hawaye. Dattijo mai furfura yana kuka a bakin shagon mutane. Hamza ya durƙusa ya ce, "Na sani, Alhaji. Allah Ya saka da alheri." Bai ƙara ko kalma ba. Da ya yi faɗa, da hankalina ya fi kwanciya.

Akwai wasu samari a unguwa, ba gona ba shago, amma kullum sabon babur da sabuwar waya. Kowa ya san sana'arsu: su kira tsoho ko tsohuwa su ce daga banki ne, a karanto musu lambar kati. Sun daɗe da gane kan Hamza yana ja. Watan jiya na shiga ɗakinsa na tarar da kwamfuta a kan tabarma, tana aiki. Na tambaye shi inda ya samo ta, ya ce ta samarin nan ce. Ya rantse mini bai cuci kowa ba, saita musu wasu abubuwa kawai yake yi. Na fara wa'azi, sai ya katse ni cikin ladabi ya ce, "Gwaggo, shekara takwas ina roƙon a bar ni in taɓa tawa. Su ranar farko suka miƙo mini tasu." Na fita na yi kukana a bayan ɗaki.

Nakan tambayi kaina me Yaya zai ce da zai leƙo yau. Na san zai yi murna da wasu abubuwa. Kowace kwana akwai mai cire wa mutane kuɗi da 'yar na'ura, matan aure na sayar da kaya ta waya, manomi na jin farashin masara a Funtuwa tun yana gida. Hanyoyin da yake lissafa wa yara sun ninka, har da waɗanda ban san sunansu ba. Amma idan ya waiwayo ya ga a hannun wa ɗansa yake koyo, ban san da wace fuska zan dube shi ba. Ba na jin haushin Baffa, ya yi abin da ya gada ne da zuciya ɗaya. Tun ranar da aka je wurin mai gyara ma ya rage fita, ya rame. Tsoro nake ji, irin wanda yake hana mutum cin abinci.

Kwamfutar Yaya ta koma adaka, Baffa ne ya roƙa a bar masa ita. Shagon Yaya yanzu wani ne yake sayar da taki a ciki. Abin da ya rage na Malam Lawal yana hannunku, ku yaran shagonsa da ya zaunar ya tambaya wace daga ciki. Ina jin labarinku, wani na Kaduna, wani na Abuja, wani ma an ce daga ɗakinsa yake yi wa mutanen ƙasar waje aiki. Ba sadaka nake nema ba. Ɗayanku ya ja wa Hamza kujera kusa da tasa, ya kalle shi ta gefen ido wata guda, kamar yadda Yaya ya yi muku. Kun san gidan, kun sha cin tuwo a zaurensa.

Kada ku ce sai an kwana biyu, mun riga mun ga abin da ajiya take yi. Samarin nan sun ce wa Hamza bayan sallah za su wuce da shi birni, kuma jiya na ga ya wanke jakar mahaifinsa ya shanya.