Kakan da Lurwanu Ya Aro Mana Daga Amurka

Mu na Allah ne, gare Shi kuma za mu koma. Ranar Talata, sha biyu ga Sha'aban 1419, Abdussamad ya bugo mini waya daga unguwar Anbariyya, nan Madina, cewa mahaifinsa Lurwanu ya cika. Aka sallace shi a Harami da la'asar, aka kai shi Baƙi'a. Ka gani, taubashina, ko nan ma sai da ka riga ni kama wuri.

Ni Ƙaltume, 'yar gwaggonka, karatuna bai yi nisa ba, amma yau sai na rubuta, tunda kai ma shekara talatin kana yi wa mutane rubutu a bakin mahkama, wato kotu. Ɗan Chadi da iƙamarsa ta zaman ƙasa ta ƙare, matar da miji ya bari da takardun da ba ta gane ba, duk teburinka suke nufa ka tsara musu takardar koke. Mai takaba ba ka karɓar komai a hannunta sai addu'a, ita ma kana cewa a gajarta, akwai layi.

Sai dai ka cuce ni, kuma jama'a za su ji.

A zauren gidanka akwai tsohon hoto da hayaƙin turare ya dafa: dattijo mai gemu har ƙirji. Na tambaye ka wane ne, ka ce kakanmu ne Malam Audi, wanda ya tako Madina da ƙafa daga Haɗeja. Na ce ya cika fari, ka ce jinin Fulani ne. Na ce ƙyallen da ke ɗaure a wuyansa fa? Ka ce sanyin hanya. Na yi kuka ranar. Tun daga nan, duk azumi sai na sayo dabino daga gonakin Awali, na raba a Harami da sunansa. Shekara goma sha ɗaya!

Jikata Suhaila ce ta karanta rubutun ƙasan hoton. Ta ce da Larabci, "Ya jidda, wallahi haza Amriki!" Wato, kaka, wannan Ba'amurke ne, kuma wai lauya.

Da na tare ka da maganar, ka yi dariya har hularka ta faɗi, sannan ka ba ni labarinsa, wai daga littafin da wani alhaji ya bar maka ka yanko shi. Sunansa sai mai haƙora. Ɗan maƙeri ne, ya koyi shari'a yana share ofishin wani lauya, shekara ɗari da hamsin da suka wuce. Yakan bi alƙali gari-gari a kan alfadari, yana tsaya wa manoman da kamfanin jirgin ƙasa ya ratsa gonakinsu. Ya nemi gwamna sau huɗu, sau huɗu yana shan ƙasa. Da ya samu shiga majalisa, ya yi jawabin awa uku a kan gada guda, gadar ba a gina ba har ya mutu. Ka ce daga gare shi ka koyi kada talaka ya sa hannu a takarda sai an karanta masa sau biyu. Na ce ni kuwa ko sau ɗaya ba ka karanta mini ba.

Na kai ƙara wurin liman, ina ladan dabinona ya tafi? Ya ce aiki na bin niyya. To ni niyyata wannan gemun take kallo.

Na rantse ba zan yafe ba. Shekara biyu ba na amsa gaisuwarka. Ka aiko matarka Ikilima da daddawa, na ci, ban yafe ba. A raina na bar shi sai sallar bana, in ja maka rai kaɗan tukuna. Ashe kai ba za ka ga watan ba. Wannan ne ke hana ni sukuni, Lurwanu, ba dabinon ba.

To ku shaida: na yafe masa duniya da lahira, rantsuwata kuma zan yi kaffara. Ikilima ta ba ni hoton, yana ɗakina. Dabinon azumin bana na riga na yi magana da mai gona, da sunanka za a raba, kuma wannan karon na san fuskar.

Ina yi wa Ikilima da Abdussamad da dukan dangi ta'aziyya. Allah Ya ba mu haƙuri. Allah Ya jiƙanka, Ya haskaka kabarinka, Ya karanta maka takardarka da sauƙi yadda ka karanta wa bayinSa. Ya haɗa ka da Malam Audi na gaskiya a Aljanna, ka yi masa bayani da bakinka.